Tukunyar da Ladingo Ta Bari a Wuta

A garin Gangaren Ɗinya akwai wata tukunyar ƙasa da ta fi shekara ɗari biyu a kan murhu ba a sauke ta ba. Miyar kuɓewa ce a ciki. Wata mata mai suna Ladingo ce ta ɗora ta da hantsi, ta yanka kuɓewa ta zuba, ta ɗebo gishiri ke nan sai mahara suka faɗo wa garin. Aka tafi da ita da gishirin dunƙule a hannu, aka bar jaririyarta Yalwa kwance a tabarma, tukunya tana tafasa.

A garin kuwa al'ada ce mai ƙarfi cewa wadda ta ɗora ita ke saukewa, kuma hannu biyu ba ya sa gishiri a tukunya ɗaya. Da aka gaji da jira, ƙarti shida suka kama tukunyar, ta ƙi ɗaguwa ko da faɗin farce. Aka bar wutar ta mutu, sai tukwanen garin kaf suka ƙi tafasa har kwana bakwai, mutane suka koma shan gumba. Tun daga ranar aka ɗora wa zuriyar Yalwa aikin: a iza itace, a ƙara ruwa, uwa ta mutu ta bar wa 'ya.

Ta ƙarshe a cikinsu ita ce Hansai. Ta haura saba'in, ba ta da 'ya mace, 'ya'yanta maza biyu suna birni da matansu masu girki da gas. Shekara hamsin tana girkin biki a garin, a ci a sha a ce gidan Alhaji wane sun yi ƙoƙari. In an tuna da ita ma, sai don a yi mata tsiya a kan yankan kuɓewarta, domin matan gidansu duk a karkace suke yanka ta, ta gefen hagu, ba wanda ya san dalili. Ga itace ya yi nisa. Da a bayan gari ake samu, yanzu sai an wuce rafi biyu.

Wata rana da azahar ta dawo da ɗaurin itace, ta jefar, ta zauna a gindin murhu ta kasa tashi. Ta dubi tukunyar ta ce mata ita fa ta gaji, in Allah ya ɗauki ranta gobe ba ta san wa za ta bar wa ba.

Sai dutsen murhu na tsakiya ya tsage, wani ɗan tsoho ya fito, tsawonsa bai wuce muciya ba. Gemunsa toka ne, duk sa'ad da ya yi magana sai ya zube ya sake tsirowa. Ya yi sallama, ta amsa, don gajiya ba ta bar mata wurin tsoro ba.

"Ya ke 'yar Adam, ni ne Sarkin Toka, mai zama a wannan dutse. Shekara ɗari biyu ban runtsa ba saboda zafin wutarku. In kin gaji, na fi ki."

"Ranka ya daɗe, ba mu san da kai a ciki ba. Da mun ba ka haƙuri."

"Haƙuri na sha. Mai tukunyar nake nema."

Ya ba ta labari cewa an tsallaka da Ladingo babban teku zuwa ƙasar da yanzu ake kira Amurka, ta yi girki a madafin wani babban gida har ta mutu. Amma ba ta huta ba. Tana can Birnin Madafai tare da dubban irinta, waɗanda suka ciyar da ƙasa guda ba a taɓa kiran sunansu a kan akushi ba. In Hansai ta yarda, zai buɗe mata hanya ta je ta same ta. Ta cusa kututturen kirya guda a murhu, zai ci kwana uku. Ya ɗauko garwashi ya sa mata a tsingaro, ya ce wannan ƙanin wutar gida ne, yadda ya ragu haka ta ragu. In ya mutu kafin ta dawo, tukunya za ta fashe, garin ba zai sake cin dafaffe ba, ita kuma za a ba ta murhu a can har abada.

"Sharaɗi ɗaya ne. In kin shiga birnin, ke baƙuwa ce. Ki zauna a kawo miki. Kada ki taɓa aikin kowa. Duk taɓawa ɗaya, kwana ɗaya ne daga kiryarki."

Hansai ta yi dariya, ta ce in zama ne sharaɗin ai an gama, ita da take roƙon Allah zama. Sarkin Toka bai yi dariya ba. Ta ɗaure ƙwaryarta da ɗan curin tsamiya a zane, ta buɗe murfin tukunyar kamar yadda ya ce, tururi ya rufe ta.

Da ya yaye sai ta ga kanta a bakin wani kogi kore, mai tafiya a hankali kamar maras lafiya. Yauƙi ne zalla. A gaɓarsa ga mayaƙa da malamai da fatake, waɗanda suka zo neman wasu abubuwan al'ajabi, kowa ya sa ƙafa sai ya zame ya dawo inda ya tashi. Akwai wani mai doki da ya ce shekararsa arba'in yana zamewa, har dokin ya saba, yana barci a haka. Hansai ta tsoma yatsa ta ɗaga, ta ga zaren ya biyo ta. Ta ce a ranta, waɗannan ba su taɓa tsayawa a madafi ba. Ta jiƙa tsamiyarta a ƙwarya ta watsa. Tsami ya tsinka yauƙin, hanya ta buɗe, ta wuce. Mai dokin yana ta kira ta gaya masa addu'ar da ta karanta.

Daga nan ta faɗa wata fadama ta shinkafa wadda ba a ganin ƙarshenta. Tsuntsaye ne ke gadinta, masu kitso a ka irin na mata, kowace da ƙwayar shinkafa a soke cikin kitson. Babbarsu ta sauko ta tare hanya.

"Ya ke mai tafiya, wannan shinkafa a cikin gashi ta tsallaka teku. Ba mai wucewa ta nan sai wanda ya san darajar ƙwaya ɗaya. Ga buhu, an gauraya shi da tsakuwa. Ki raba."

Hansai ta nemi ruwa, ta durƙusa ta yi ta regewa da ƙwarya, gwiwoyinta suna ƙara. Sai da rana ta faɗi ta sake fitowa sannan ta gama. Tsuntsuwar ta bincike tsakuwar ɗaya bayan ɗaya, ba ta sami shinkafa ko ɗaya ba, ta kauce. Hansai ta duba tsingaro, garwashi ya ragu da kashi ɗaya cikin uku.

Sai teku. Ba ta taɓa ganin ruwan da ya fi rafin garinsu ba. Wata mace ta taso daga cikinsa, doguwa kamar giginya, tana da tsatsar sarƙa a wuya da ƙafa kamar ado. A ƙarƙashin ruwan Hansai ta hango mutane kwance a jere, kafaɗa da kafaɗa, idanunsu a buɗe, ta kawar da kai.

"Ni ce Uwar Mashigi. Duk wanda aka wuce da shi ta nan tsirara aka wuce da shi, amma ba wanda bai ɓoye wani abu ba. Wata ta ɓoye irin wake, wata irin riɗi, wani kuma ya ɓoye yadda ake gasa nama a cikin kansa. Ke me kika ɗauko?"

Hansai ta lalube zanenta. Tsamiya ta ƙare.

"Ranki ya daɗe, gajiya ce kawai."

Uwar Mashigi ta ce wannan kayan ta san shi, shi ne ya fi yawa a cikin abin da ya bi ta nan. Ta hura ƙwaryar Hansai ta zama kamar kwalekwale, ta tura ta da yatsa ɗaya.

Birnin Madafai ba shi da ganuwa, hayaƙi ne ya kewaye shi. Manyan gidajen da aka yi wa girkin duk sun ruɓe sun ɓace, sai madafan da ke bayansu suka rage, ɗaki bayan ɗaki har iyakar gani. Kowane madafi yana da 'yar taga. Mai girki ya zuba ya miƙa, wasu hannaye marasa jiki su karɓa su yi sama, can su dawo da faranti wayam, ba sannu ba madalla. Hansai ta ɗaga kai ta ga inda abincin ke zuwa, domin hayaƙin sama kamar madubi yake. Ga mutanen Amurka na yau, baƙi da farare, a gidajen abinci da cikin motoci, suna cin shinkafa da wake, da miyar kuɓewa mai jatan lande, da soyayyar kaza, da naman da ya kwana a hayaƙi. Ga littattafan girki jere a kantuna, da sunayen matan manyan gidaje a bangonsu, waɗanda ko albasa ba su taɓa yankawa ba. Wannan bai ba ta mamaki ba. Ta tuna gidan Alhaji wane.

Madafi na farko ba ɗaki ba ne, rami ne dogo cike da garwashi, an jera nama a kan sanduna. Wani dattijo mai faɗin kafaɗa yana shafa masa ruwan barkono da tsumma a bakin sanda. Hansai ta yi masa sannu, ya amsa bai juyo ba. A birnin kowa yana jin harshen kowa. Tana tsaye sai wani itace ya zamo daga wutar. Kafin ta yi tunani ƙafarta ta riga ta tura shi ciki.

Ta ji ƙas a tsingaro. Garwashin ya rabe biyu, rabi ya zama toka.

Dattijon ya juyo ya dube ta daga sama har ƙasa, ya ce ai da ganin tsayuwarta ya san 'yar hannu ce. Ya ce ta zauna a kan hannayenta in ba ta yarda da su ba. Ta zauna a kan wani kututture, ta danne su da cinya. Abin ya yi mata wuya fiye da regen shinkafa. Tun tana 'yar shekara bakwai ba ta taɓa zama wani yana aiki a gabanta ba. Idonta sai ganin abin gyara yake, can wuta ta yi yawa, nan tsumma zai faɗi.

Ya yanko nama ya miƙo mata a faranti. Ta sa a baki, ya narke tun kafin dasashinta ya taɓa shi. Ta yi abin da aka koya mata a gida.

"Baba, wannan hannun wa ne?"

Sandar ta tsaya a hannunsa. Ya ce masu gidan suna kiransa Siza. Ta ce ba wannan ta tambaya ba, wanda uwarsa ta raɗa masa take nufi. Ya daɗe yana motsa baki kamar mai neman ƙaya a haƙori.

"Kolo," ya ce. "Daga bakin Kwara."

"Sannu da aiki, Kolo. Na ci, na ji daɗi. Allah ya yi wa hannun nan albarka."

Garwashin ramin ya dushe daga wannan baki zuwa wancan. Kolo ya ajiye sanda, ya zauna a ƙasa, ya miƙe ƙafafu, ya yi wata doguwar ajiyar zuciya. Ya jingina da bango ya rufe ido, jikinsa ya yi ta shuɗewa har ya bi iska.

Daga nan sai ga masu girki suna fitowa daga madafai, maza da mata, kowa da kwano a hannu. Ba wanda ya roƙe ta. Suka tsaya kawai suna miƙowa.

Ta ci na wata Bayarabiya mai ƙosai wadda ta manta sunan kanta, sai da aka yi ta jero mata sunaye. Ta ci shinkafa ja ta wata mata daga ƙasar da Hansai ba ta taɓa ji ba. Ta ci na wani siririn mutum da aka aika Faransa ya koyo girkinsu, ya dawo ya ciyar da manyan baƙi shekara talatin, yana tsaye a bayan ƙofa yana jin ana yabon maigida. Kowanne sai ta ci loma uku na gaskiya, don ta gwada lasa kawai wuta ta ƙi mutuwa. Ta sallami tara. A na taran ta ji abinci ya tsaya mata a ƙirji. Cikin tsohuwa ne, ba rumbu ba. Saura wurin loma uku, kuma garwashi ya koma kamar ƙwayar wake. Ta yi ta tambayar Ladingo, aka ce ba a san mai wannan suna ba.

Ta tashi tana bin layin kwanonin da ido, tana ba su haƙuri ɗaya bayan ɗaya. Ba wanda ya yi fushi, sun saba a wuce su. Wannan ya fi yi mata ciwo. Miyar kuɓewa kuwa ta fi ɗari, kowace da kamarta. Can wajen ƙarshe, a hannun hannayen nan marasa jiki, ta hango wani faranti zai yi sama. Kuɓewar ciki a karkace aka yanka ta, ta gefen hagu.

Ta bi inda ya fito. Wani ƙaramin madafi ne mai baƙin bango. Wata 'yar tsohuwa tana juya tukunyar ƙarfe da hannun hagu, hannun damanta a dunƙule a ƙirji. Ba ta fito da kwano ba, don ba ta da hannun riƙewa. Hansai ta yi sallama ta zauna a bakin ƙofa. Ashe bahaguwa ce. Shekara ɗari biyu ana yi musu dariya a gari, ashe hannunta suke kwaikwayo.

Miyar ta taso za ta zube. Hannun Hansai ya tafi da kansa wajen murfi. Sai ji ta yi muciya ta sauka a bayan hannun, kafin ya kai.

"Wa ya aike ki? Zauna. 'Ya'yan yanzu ba ku da ta ido."

"Shekarata saba'in da uku, Kaka."

"To, jaririya ce ke."

Ta rage wutar da kanta, ta zuba miya a kan shinkafa ta turo mata da ƙafa. Hansai ta ci. Babu daddawa, an maye ta da ƙyafaffen nama da wani ganye da ba ta sani ba, amma miyar gidansu ce. Ta tura loma ta uku da ƙyar, hawaye na zuba.

"Wannan hannun Ladingo ne, ta Gangaren Ɗinya. Sannu da aiki, Kaka."

Tsohuwar ta tsaya. Ta ce Lusi ake ce mata a nan, ta daɗe ba ta ji wancan ba. Ta saki muciya ta zauna a ƙasa kusa da Hansai, wutar tana dushewa. Ba ta tambayi garin ba, ba ta tambayi mijinta ba.

"Yarinyar da na bari a tabarma. An ba ta abinci?"

"An ba ta, Kaka. Maƙwabciya ta shayar da ita. Ta yi shekara tamanin, ta haifi tara. Ni daga wajenta na fito."

Ladingo ta gyaɗa kai ta daɗe tana gyaɗawa. Hansai ta gaya mata zancen tukunya, da itace, da matan da suka tsufa a gindinta. Tsohuwar ta riƙe baki, ta ce ashe duk zuriyarta ba mai wayo ko ɗaya, miya guda ta gagare su shekara ɗari biyu. Suka yi dariya kaɗan, irin ta waɗanda ba su da ƙarfin mai yawa.

Ta ce ita ba za ta iya komawa ba, ba a tsallaka wannan ruwa sau biyu. Gishirin ma ya narke tun kafin su kai teku, hannun ne ya ƙi mantawa. Ta kamo tafin Hansai, ta buɗe yatsun hannunta na dama da ke dunƙule ɗaya bayan ɗaya, suna ƙara kamar busasshen kara. Gishiri ya zubo, fari, daidai na tukunya ɗaya.

"Hannunki hannuna ne. Ki sa, ki sauke. In an tambaya, ki faɗa."

Ta jingina da kafaɗar Hansai, nauyinta ya yi ta raguwa har ya zama babu.

A waje sauran suna nan tsaye da kwanoni. Hansai ta dube su, ta dubi tsingaro, garwashi ya koma kamar ƙwayar riɗi. Ta ce su yafe mata, ciki ɗaya ta zo da shi. Wata mata ta ce ba komai, ta gaida gida. Suka juya, kowa ya koma madafinsa, hannaye suka ci gaba da karɓa.

Ta shiga cikin ragowar hayaƙin madafin Ladingo, ta fito a tsakar gidanta da hantsi. Kirya ta cinye, saura jan ido ɗaya a cikin toka. Ta buɗe murfi, ta watsa gishiri, ta juya da hannun hagu, ta ɗiga a tafi ta lasa. Ya ji. Ta sa tsumma ta kama tukunyar, ta taso kamar ƙwaryar da ba komai, ta dire ta a ƙasa.

Ta tuƙa tuwo a murhun maƙwabta, gari ya taru. Miyar ta ishi kowa har da baƙin kasuwa. Maigari ya suɗe hannu ya fara cewa lalle garin nan ya yi ƙoƙari, Hansai ta katse shi, abin da ba ta taɓa yi ba. Ta ce miyar Ladingo ce. Ta sa shi ya faɗa da bakinsa. Sannan ta jero Kolo da sauran takwas ɗin, ta ce akwai dubbai da ba ta kai gare su ba, duk mai ciki da ƙafa hanya tana nan. Mutane suka dubi juna, wasu suka ce tsufa ne.

Da azahar wata maƙwabciya ta shigo ɗiban wuta da tsingaronta, kamar yadda aka saba yi a gidan tun kakanni. Ta tarar da kyanwa kwance a tsakiyar murhu, wani siririn minshari yana fitowa daga dutsen tsakiya. Hansai tana kan tabarma a inuwa, ta rufe fuska da gefen zane.

"Inna Hansai, wuta na zo ɗiba."

"Babu," in ji ta, ba ta buɗe ido ba. "Gwada gidan gaba."

Iyakar abin da ya zo kunnena ke nan, na sauke shi yadda na ɗauko.